Kin Dawo Daga Dogon Hutu An Sauya Miki Wurin Aiki: Ina Doka Ta Tsaya?

A yankin noman rani na Kura, Bunkure da Garun Malam ba manoma kaɗai ke sammako ba. Da sanyin safiya akwai malaman makaranta mata, da unguwarzoma, da ma'aikatan lafiya, da malaman gona da ke tsayawa a bakin titin Kano zuwa Zariya suna jiran mota ko babur, wasu da goyo a baya. Kowacce ta tsara rayuwar gidanta ne a kan wurin da take aiki: wanda zai riƙe mata yaro, lokacin da za ta ɗora tukunya, da abin da kuɗin mota zai ci a albashinta.

Shi ya sa takarda guda ɗaya kan iya birkita gida gaba ɗaya. Mace ta tafi hutun haihuwa, ko ƙaro karatu, ko doguwar jinya, ko takaba. Aji ba ya zama babu malami, ɗakin awo ba ya zama a kulle, don haka sai a kawo wata ta riƙe. Ranar da ta dawo sai ta tarar kujerarta da mai ita, a miƙa mata takardar tafiya wani gari. Daga nan tambayoyi ke tasowa. Tana da ikon cewa a'a? Idan ta ƙi zuwa me zai biyo baya? Kotu za ta saurare ta?

Amsar a taƙaice ita ce: doka ta kare matsayinki da albashinki, ta kuma hana a hukunta ki don kin haihu. Amma ba ta yi miki alkawarin tebur ɗaya ko gari ɗaya ba. Wadda ta gane wannan bambanci ita ke fita da haƙƙinta. Wadda ba ta gane ba, takan shiga rigimar da gaskiyarta, ta fito ita ce mai laifi.

Ruwa ɗaya, iyayen gida uku

Ruwan da ke shayar da shinkafa, tumatir, alkama da albasar wannan yanki daga madatsar ruwa ta Tiga yake fitowa, wadda aka kammala a 1974 zamanin Gwamna Audu Baƙo. An tsara kashin farko na aikin ne a kan kadada kusan 22,000, kuma Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are, da aka kafa a 1976, ita ke kula da shi. Amma ma'aikatan da ke zirga-zirga a gefen waɗannan hanyoyin ruwa ba uban gida ɗaya gare su ba, kuma a nan ne ya kamata ki fara.

Ma'aikaciyar hukumar kogunan ta gwamnatin tarayya ce. Hurumin hukumar ya shafi Kano, Jigawa da Bauchi, don haka wadda ke aiki a Kadawa yau ana iya tura ta hedikwata a Kano, ko Tiga, ko madatsar Challawa a Ƙaraye, ko aikin noman rani na kwarin Haɗeja.

Malamar sakandare, da ma'aikaciyar babban asibiti, da malamar gona ta KNARDA, na gwamnatin jiha ne. Su kuwa ƙananan hukumomi 44 na Kano duk filinsu ne, daga Ghari har Doguwa.

Malamar firamare tana ƙarƙashin sashen ilimi na ƙaramar hukuma da hukumar SUBEB, yayin da ma'aikaciyar ƙaramin asibiti ke ƙarƙashin hukumar lafiya a matakin farko. Canjin da ake yi musu sau da yawa a cikin ƙaramar hukuma ɗaya yake. Sai dai duk wadda ta san yankin ta san cewa a takarda Karfi da Ɗan Hassan duk Kura ce, Barkum da Gurjiya duk Bunkure ce, amma ga mai jariri a baya, cikin damina, a kan babur, ba tafiya ɗaya ba ce.

Kowanne daga cikin ukun nan yana da kundin ƙa'idojinsa. Kafin ki ce an karya miki doka, ki duba takardar ɗaukarki aiki ki ga wa ya sa hannu, kuma wane kundi ta ambata.

Hutu nawa ne halal ɗinki?

A aikin gwamnatin tarayya, hutun haihuwa bai gaza mako 16 ba da cikakken albashi. Bayan an dawo, ƙa'ida ta ba mai shayarwa sassaucin awa 2 a kullum har tsawon wata 6. Mata da dama ba su san da wannan ba, alhali hujja ce babba idan aka tura mace inda zuwa da dawowa kaɗai za su cinye mata awa uku. A 2021 kuma Majalisar Zartarwa ta Tarayya ta amince da hutun kwana 14 ga mazan da matansu suka haihu.

Jihohi kowacce da nata. Legas ta kai hutun wata 6 tun 2014 ga haihuwa biyu na farko, Kaduna ta bi sahu da wata 6 a 2019. Ma'aikaciyar jiha ko ƙaramar hukuma a Kano ta nemi sanarwar da ke aiki a yanzu daga sashen kula da ma'aikata, a rubuce, ba ta dogara da "haka muka ji ana yi" ba.

Dokar Ƙwadago, a sashe na 54, ta ba da mako 12, shida kafin haihuwa shida bayanta, da aƙalla rabin albashi ga wadda ta yi wata 6 a aiki, ta kuma hana a ba ta takardar sallama tana cikin hutun. Wannan doka ta fi shafar ƙananan ma'aikata da na kamfanoni, irin masu aiki a injinan casar shinkafa. Jami'an gwamnati masu aikin ƙwarewa da na mulki, kundin aikin gwamnati ne madogararsu.

A wannan gaɓa al'ada da takarda sukan saɓa. Mai haihuwar fari takan tafi gida wankan jego, a yi arba'in, iyaye su ce ta ƙara hutawa. Wadda ta rasa miji za ta zauna takaba wata huɗu da kwana goma. Mai karatu a Jami'ar Bayero ko Kwalejin Sa'adatu Rimi, yajin aiki ya tsawaita mata zango. Duk uzuri ne na gaskiya, amma fayil bai san uzuri ba sai wanda aka rubuta aka amince. A ƙa'idar aikin gwamnati, rashin zuwa aiki ba tare da izini ba yana cikin manyan laifuffukan da kan kai ga kora. Sati biyun da kika ƙara da amincewar baki ta shugabarki, ranar da aka sauya ita shugabar ba ki da shaida. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Kujera ta gwamnati ce, matsayi naki ne

Kotuna sun daɗe suna kallon tura ma'aikaci wani wuri a matsayin ikon mai ɗaukar aiki. Alƙali ba ya son zama shi ne mai raba malamai a makarantu. Ƙari a kan haka, kundin aikin gwamnatin tarayya ya lissafa ƙin tafiya inda aka tura ma'aikaci, ko ƙin karɓar wurin aiki, a cikin laifuffukan rashin ɗa'a. Wato wadda ta fusata ta koma gida ta zauna tana jiran a janye takarda, ta ɗora wa kanta laifi biyu: ta ƙi umarni, kuma ba ta zuwa aiki. Daga nan sai takardar tuhuma, sai tsayar da albashi.

To amma ikon nan ba sakaka yake ba. Akwai abubuwan da hutu na halal bai isa ya taɓa ba. Matakin albashinki yana nan. Shekarun da kika yi a aiki suna nan. Ba a mayar da ke ƙarƙashin wadda kike gaba da ita da sunan canjin wuri. Ba a rage miki girma sai an tuhume ki a rubuce, an ba ki damar kare kanki.

Canjin wurin aiki yakan zama abin ƙara ne idan ya ɗauki ɗaya daga cikin waɗannan kamanni. Na farko, idan rage girma ne a fakaice: kin tafi kina shugabar sashe, kin dawo an ba ki aikin da bai kai matakinki ba. Na biyu, idan horo ne ba tare da tuhuma ba, misali kin taɓa kai ƙorafi, sai aka jira ki dawo aka jefa ki nesa. Na uku, idan saboda ciki ko haihuwa ne, kamar a ce duk wadda ta haihu a wurin ana ɗauke ta, ko a faɗa miki ƙiri-ƙiri cewa an gaji da masu goyo. Na huɗu, idan wanda ya sa hannu ba shi da hurumin yin haka. Na biyar, idan an bar ki a rataye, babu wurin aiki babu albashi, ana ta "je ki dawo". Kotun Ma'aikata ta yarda cewa matsa wa mutum har ya ajiye aiki da kansa yana iya zama kora a kaikaice.

Sashe na 42 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya hana nuna bambanci saboda jinsi. Nijeriya kuma ta rattaba hannu a 2002 kan yarjejeniya ta 111 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, wadda ta hana wariya a wurin aiki. Akwai wata yarjejeniyar, ta 183 ta shekarar 2000, da ta fito fili ta ce mai jego ta koma kan aikinta ko makamancinsa da albashi iri ɗaya. Maƙwabciyarmu Nijar ta amince da ita a 2019, Nijeriya ba ta yi ba tukuna. A lura, ko ita wannan yarjejeniyar "ko makamancinsa" ta ce.

Abin da ya faru a gaban alƙalai

Tun bayan gyaran Kundin Tsarin Mulki na 2010, wanda ya fara aiki a watan Maris na 2011, sashe na 254C ya mayar da duk rigimar aiki hannun Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ita kaɗai, kuma tana da reshe a Kano. Ba Kotun Majistare ake zuwa ba, ba Kotun Shari'ar Musulunci ba, ba Babbar Kotun Jiha ba. Wanda ya kai ƙara inda ba hurumi, ya yi asarar kuɗi da lokaci.

Shari'o'i uku sun isa su haska hanya.

Ta farko tsohuwa ce. Bashir Alade Shitta-Bey lauya ne a Ma'aikatar Shari'a ta Tarayya. An dakatar da shi, aka yi masa ritayar dole. Babbar Kotun Legas ta ce matakin bai halatta ba, amma hukumar kula da ma'aikata ta ƙi barinsa ya koma. A 1981 Kotun Ƙoli ta tilasta a mayar da shi, ta kuma kafa ƙa'idar da ake bi har yau: ma'aikacin gwamnati mai tabbataccen aiki ba a raba shi da aikinsa don ganin dama, sai an bi ƙa'ida daki-daki. Abin lura, kalmar "tabbatacce" tana da nauyi. Mai aikin wucin gadi ko na sa-kai ba ta da irin wannan garkuwa, don haka takardar tabbatar da ke a aiki ta cancanci ajiya kamar takardar fili.

Ta biyu ta shafi mace kai-tsaye. Wata ma'aikaciyar ƙungiyar Clinton Health Access Initiative ta sanar da shugabanninta tana da ciki, sai aka sallame ta. Kotun Ma'aikata ta ce wannan wariya ce saboda jinsi, kuma cin mutunci ne, ta sa a biya ta diyyar sama da Naira miliyan 5. Ƙungiyar ba ta gwamnati ba ce, amma hukuncin ya zama madogara ga lauyoyi a duk inda ciki ko haihuwa suka zama sanadin cutar da ma'aikaciya.

Ta uku a gida Kano aka yi ta. A watan Yulin 2021 aka dakatar da Muhuyi Magaji Rimingado daga shugabancin Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafe da Yaƙi da Cin Hanci ta jiha, bayan taƙaddama kan wani akanta da aka tura hukumar. Ya je Kotun Ma'aikata, ta ba shi gaskiya. Amma bai koma kujerarsa ba sai a watan Yunin 2023, lokacin da Gwamna Abba Kabir Yusuf ya mayar da shi bisa hukuncin kotu. Lauya ne, sananne ne, kuma sai da ya kwashe kusan shekara biyu. Malamar firamare mai 'ya'ya huɗu ta auna wannan kafin ta ce sai kotu.

Agogon wata uku

Akwai tarkon da ya kayar da masu gaskiya da yawa. Dokar Kare Jami'an Gwamnati ta ce duk mai ƙarar jami'i ko hukumar gwamnati kan abin da suka yi a bakin aiki, ya shigar cikin wata 3. A 2019 Kotun Ƙoli ta ce wannan wa'adi bai shafi rigimar ɗaukar aiki ba, amma a 2021, a wata shari'a da ta shafi Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi, ta yi aiki da shi. Tunda manya ma sun saɓa, abin da ya fi miki aminci shi ne ki ɗauka wata ukun nan yana kanki tun daga ranar da takarda ta shigo hannunki.

Wata uku kuwa ba komai ba ne ga mai jego. Ana cewa a bari maigida ya yi magana da wane, a bari kansila ya dawo, a bari a gama girbin shinkafa, sai lokaci ya ƙure. Wasu hukumomin ma dokarsu ta ce sai an ba su sanarwar niyyar ƙara tukuna. Saboda haka ko da sulhu kike nema, ki ga lauya da wuri ya lissafa miki kwanaki.

Matakan da za ki bi

Tun kafin ki tafi: ki nemi hutu a rubuce, ki karɓi amincewa a rubuce mai ɗauke da ranar tafiya da ranar dawowa. Ki rubuta takardar miƙa aiki ga wadda za ta riƙe. Ki ɗauki hoton kowace takarda da wayarki, ki tura wa imel ɗinki ko wani amintacce, domin fayil yakan yi ɓatan dabo. Idan hutun karatu ne, ki karanta yarjejeniyar da kika sa wa hannu. Sabuwar takardar shaida ba ta ɗaga matsayi da kanta, sai an nema an amince.

Kina cikin hutu: idan kin ga ba za ki iya dawowa kan lokaci ba, ki nemi ƙari kafin ranar ta cika, da takardar likitan asibitin gwamnati idan rashin lafiya ne. Ba a fafe gora ranar tafiya. Ki kuma saurari sanarwar tantance ma'aikata, domin wadda ba a gani ba sunanta kan faɗo daga jerin masu albashi.

Ranar dawowa: ki rubuta takardar kama aiki, a buga miki hatimi da kwanan wata a kwafinki, ko da an ce babu wurin da za a ba ki tukuna.

Idan aka ba ki canjin da bai yi miki ba: ki je ki kama aiki a sabon wurin, sannan ki rubuta ƙorafi ta hannun shugabanki zuwa sama. Ki ce kin bi umarni amma kina neman a sake dubawa. Ki jero dalilai masu shaida: shekarun jariri, nisan wurin, takardar likita, sassaucin shayarwa. Ki ba da mafita, kamar wuri mafi kusa mai buƙatar irin aikinki, ko abokiyar aiki da ta yarda ku yi musaya, ko a jinkirta canjin zuwa wata shida. Ki guji zagi da zargin da ba za ki iya tabbatarwa ba, a takarda ko a Facebook.

Idan shiru ya yi yawa: ki sanar da ƙungiyarku, NUT ce, ko NULGE, ko ta ma'aikatan jinya da unguwarzoma. Akwai Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a ta tarayya, wadda aka kafa a 1975, tana da ofis a Kano, ba ta karɓar ko kwabo, amma tana son ƙorafi cikin wata 12. Akwai ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA, da Hukumar Ba da Agajin Shari'a ga marasa ƙarfi. Ita kanta Kotun Ma'aikata tana da cibiyar sulhu tun 2015. Kotu ce zangon ƙarshe.

Can ma uwa ce ke jira

Adalci ya sa a kalli ɗaya gefen. Daga Kano zuwa Kura kilomita 30 ne da 'yan kai, kuma ma'aikata da dama sun fi son zama cikin birni. Idan duk wadda aka tura ƙauye ta nemi hanya aka soke, wa zai karɓi haihuwar matar da naƙuda ta kama da tsakar dare a can ƙarshen hanyar ruwa? Matan da ke turara shinkafa a Kura, da masu tsinkar tumatir ɗin da ake lodi a Kwanar Gafan, su ma suna son mace ta duba su a ɗakin awo, kuma iyaye sun fi sakin jiki su bar 'ya mace a makarantar da ke da malamai mata. Tura ma'aikaciya Bunkure ba horo ba ne. Abin da ke mayar da shi zalunci shi ne a tura marar kowa a bar mai uwa a gindin murhu.

Don haka abin da ya kamata iyaye mata su matsa a kai ya wuce shari'ar mutum ɗaya. A sami rubutacciyar ƙa'ida cewa mai dawowa daga hutun haihuwa ba a ɗauke ta daga wurinta cikin watannin shayarwa sai da yardarta ko da dalili mai ƙarfi. A riƙa sanar da canji tun kafin ranar dawowa. Zaman ƙauye ya zama na karɓa-karɓa mai wa'adi, da ɗakin kwana mai tsaro ga ma'aikata mata. Waɗannan abubuwa ne da ƙungiyoyin ma'aikata da 'yan majalisar jiha za su iya sa wa hannu ba tare da an je gaban alƙali ba.

Maigida ma yana da rawar takawa. Cewa "ki zauna kawai, ba inda za ki" kan ji daɗin faɗa, amma ita ce hanya mafi sauri ta rasa aikin da fanshonsa. Kai ta a babur na sati biyun farko, ko samo 'yar'uwa mai riƙon yaro kafin ƙorafi ya yi tasiri, ya fi amfani nesa ba kusa ba.

Wannan bayani na wayar da kai ne, kowace matsala kuma da irin takardunta, don haka lauya ne zai duba taki ya faɗa miki inda kika tsaya. 'Yan'uwa da suka taɓa shiga irin wannan hali, ku faɗa mana a ƙasa matakin da ya yi muku aiki da wanda bai yi ba, ba tare da kama sunan kowa ko ma'aikata ba. Wata na can tana ƙirga kwanakin da suka rage mata ta koma.